Kalmar "Brane" da Matsalar Shigar da Ita Hausa: Darasi Daga Sunan Unguwar Sabo ta Ibadan

1.0 Gabatarwa

Daga cikin zarge-zargen da aka daɗe ana yi wa harsunan Nijeriya akwai cewa ba za su iya ɗaukar nauyin kimiyya mai zurfi ba. Manufar ilimi ta ƙasa ta 1977 ta tanadi a fara koyar da yaro da harshen uwa ko harshen yankinsa. A 2022 gwamnatin tarayya ta amince a shimfiɗa wannan tsari a dukkan shekarun firamare, sannan a watan Nuwamba na 2025 ta sanar da soke shi. Duk lokacin da irin wannan muhawara ta taso, masu kare harsunan gida sukan kafa hujja da yalwar kalmomi da zurfin karin magana. Sai dai musu ba ya kashe wannan zargi. Abin da zai kashe shi aiki ne, wato a ɗauko kalmar fannu mai wuya, a feɗe ta, a ga ko harshen zai ɗauke ta ba tare da ma'anarta ta zube a hanya ba.

Wannan maƙala ta zaɓi kalmar Ingilishi "brane", wadda masana fiziks ke amfani da ita a wani reshe na nazarin asali da tsarin duniya. Za a duba asalinta da ma'anarta, a auna hanyoyi uku da mai fassara zai iya bi, sannan a ba da shawara. An ɗauko ma'aunin daga unguwar Sabo da ke yankin Mokola a birnin Ibadan, wanda Hausawa ke kira Badun, domin sunan wannan unguwa ya bi irin hanyar da kalmar ta bi. A duk inda aka ce "duniya" a nan, ana nufin ɗaukacin sararin da rana da wata da taurari suke ciki. Inda ake nufin wurin zaman ɗan'adam kuwa an ce "doron ƙasa".

2.0 Asalin Kalmar da Ma'anarta

Kafin a fahimci kalmar sai an fahimci batun awo. Zare yana da awo ɗaya, wato tsawo. Tabarma tana da awo biyu, tsawo da faɗi. Ɗaki yana da awo uku, tsawo da faɗi da tsayi. A nan sanin ɗan'adam na yau da kullum ya tsaya. Amma tun 1921 Bajamushe Theodor Kaluza ya nuna cewa lissafi bai hana a sami ƙarin awo ba, kuma a 1926 Oskar Klein ya kawo ra'ayin cewa mai yiwuwa ƙarin awon a naɗe yake, ya yi ƙanƙanta ƙwarai har ba a iya ganinsa. Daga baya aka sami ra'in tsirkiya, wanda ke cewa mafi ƙanƙantar abin da aka gina halitta da shi yana kama da tsirkiyar garaya mai raurawa, kuma bambancin raurawar ne ke haifar da bambancin ƙwayoyin halitta. Lissafin wannan ra'i ba ya daidaita sai da awo 10, tara na wuri ɗaya na lokaci. A 1995 Edward Witten ya kawo wani ra'i mai awo 11 da ya haɗa rassan ra'in tsirkiya wuri guda.

A cikin wannan nazari aka ga cewa ban da tsirkiya mai awo ɗaya, lissafi ya yarda da wani abu mai awo biyu, wanda aka kira "membrane", wato tantani. Ya kuma yarda da mai awo uku, da huɗu, da biyar. Nan aka rasa suna, domin tantani ba ya wuce awo biyu. Sai masanan suka datse gaɓar farko ta kalmar, suka bar "brane", suka riƙa sa mata lamba a gaba gwargwadon yawan awonta. Sigar nan ta bayyana a kan wata maƙala ta 1987 da Paul Townsend na Jami'ar Cambridge da abokan aikinsa uku suka rubuta. Bisa wannan tsari, ɗigo shi ne mai lamba sifili, tsirkiya mai lamba ɗaya, tantani mai lamba biyu.

Abin lura shi ne datsewar ba don sauƙin furuci kawai aka yi ta ba. An yi ta ne don a raba kalmar da siffar uwarta. Gutsuren da ya rage ya zama suna na jinsi, tantani kuwa ya koma ɗaya daga cikin 'ya'yan wannan jinsi.

Kalmar ta sami ma'ana ta biyu bayan aikin Joseph Polchinski na 1995. Ya nuna cewa tsirkiya mai baki biyu a buɗe tana iya kasancewa da bakunanta a manne jikin irin wannan abu, tana zamewa a kansa amma ba ta rabuwa da shi. Tsirkiyar da ta haɗe ta zama zobe kuwa ba ta da bakin da za a ɗaure, saboda haka tana yawo inda ta so. A kan wannan ne Nima Arkani-Hamed da Savas Dimopoulos da Gia Dvali a 1998, sannan Lisa Randall da Raman Sundrum a 1999, suka gina hasashen cewa duniyar nan tamu kanta irin wannan abu ce mai awo uku, tana cikin wani sarari da ya fi ta yawan awo, wanda suka kira "bulk". Haske da wutar lantarki da duk abin da jiki ya ƙunsa a manne suke da ita. Ƙarfin da ke sa abu ya faɗo ƙasa ne kaɗai ke iya tsiyayewa zuwa wancan babban sarari. Da wannan suka nemi bayyana dalilin raunin wannan ƙarfi, raunin da ya sa ɗan guntun maganaɗisu ke iya ɗaga allura alhali doron ƙasa gaba ɗaya yana jan ta.

Ke nan kalmar tana ɗauke da siffofi huɗu: abu ne miƙaƙƙe, awonsa ba a ƙayyade yake ba, yana cikin wani abin da ya fi shi, kuma akwai abubuwan da ke zaune a kansa ba sa fita. Duk kalmar Hausa da za a zaɓa, da waɗannan huɗun za a auna ta.

3.0 Darasin Sunan Sabo

An kafa unguwar Sabo ta Ibadan a 1916, bayan layin dogo ya iso Ibadan a 1901 ya kuma kai Kano a 1911, abin da ya bunƙasa fataucin goro zuwa Arewa da na shanu zuwa Kudu. Masanin zamantakewa Abner Cohen ya zauna a unguwar a farkon shekarun 1960, kuma littafinsa na 1969, Custom and Politics in Urban Africa, ya bayyana yadda masu gida suke sauke fatake, su adana musu kaya, su tsaya musu a sha'anin bashi, da yadda unguwar ta riƙe Sarkin Hausawa nata da al'adunta a tsakiyar babban birnin Yarabawa.

Sunan "Sabo" gutsure ne daga "Sabon Gari". A Kano da Zariya, Sabon Gari wurin zaman baƙi ne, mafi yawansu 'yan Kudu. A Ibadan da Shagamu da Ile-Ife kuwa, Sabo wurin zaman Hausawa ne. Wanda ya bi ƙamus ya fassara sunan da "abin da ba tsoho ba" ya yi kuskure, domin unguwar ta haura shekara ɗari. Wanda ya ce Sabo na nufin wurin wata ƙabila ta musamman shi ma ya yi kuskure, domin mazauna suna sauyawa daga gari zuwa gari. Abin da sunan ya riƙe shi ne dangantaka: ƙaramin wuri mai mutanensa da dokokinsa, a cikin babban wuri da ya kewaye shi.

Darasi biyu ke nan ga mai ƙirƙirar kalmomin fannu. Na farko, gutsuren kalma yakan bar ma'anar uwarsa ya kama tasa, saboda haka komawa ga uwar don neman fassara tarko ne. Na biyu, akwai kalmomin da ma'anarsu ba ta cika sai da abokiyar zamansu. Babu Sabo sai da Ibadan, haka nan a nazarin duniya babu "brane" sai da "bulk". Dole a fassara su tare.

Wajibi ne a nuna iyakar wannan kwatance. Mazaunin Sabo yana iya takawa zuwa Dugbe ko Bodija ya dawo, kuma unguwar da birnin awonsu ɗaya ne. Misalin da ya fi dacewa da batun awo shi ne layin dogon da ya raya unguwar. Jirgin ƙasa gaba da baya kaɗai ya sani, ba ya barin dogonsa, alhali dajin da dogon ya ratsa yana da tsawo da faɗi. Amma ƙarar jirgin ba ta ɗaure da dogo, tana bazuwa cikin daji ta kowace fuska, shi ya sa take raunana da wuri. Jirgin shi ne misalin haske da jiki, ƙarar kuwa misalin ƙarfin da ke tsiyayewa.

4.0 Hanyoyin da Mai Fassara Zai Iya Bi

Aikin samar da kalmomin fannu a Hausa yana da tarihi. A 1990 kamfanin University Press na Ibadan ya buga Hausa Metalanguage, wato Ƙamus na Keɓaɓɓun Kalmomi, wanda Ɗalhatu Muhammad ya tace, domin nazarin harshe da adabi da koyarwa. Hanyoyin da aka saba bi a irin wannan aiki su ne aro, da fassara kai tsaye, da faɗaɗa ma'anar kalmar gida. Za a gwada kowacce.

4.1 Aro

Hausa ba ta fara kalma da baƙaƙe biyu a jere, shi ya sa aka sami "birki" da "burodi" da "buroshi". Bisa wannan ƙa'ida, kalmar za ta koma "biren". Amfanin aro shi ne kalmar tana zuwa wayam, ba ta ɗauke da wani hoto na ƙarya, kuma ɗalibin da zai ci gaba da karatu da Ingilishi zai gane ta nan take.

Illarsa biyu ce. A Ingilishi furucin kalmar ɗaya ne da na kalmar da ke nufin ƙwaƙwalwa, har masanan da kansu sukan yi raha da hakan. Mai sauraron rediyo ko ɗalibin da ya ji ta a bakin malami zai fi saurin kai hankalinsa ga ƙwaƙwalwa. Illa ta biyu ta fi girma. Mai jin Ingilishi yana jiyo amon "membrane" a cikin gutsuren, yana samun ɗan abin riƙewa. Bahaushe ba zai jiyo komai ba. Ke nan kalmar aron za ta zama abin hadda, kuma hadda ba tare da fahimta ba ita ce cutar da ake neman magancewa tun farko.

4.2 Fassara Kai Tsaye: Tantani

Wannan ita ce hanyar da ta fi jan hankali, kuma ita ce mafi haɗari. Tantani kalma ce ta gida, sananniya ga mahauta da makaɗa. Tana da falala guda babba: tantanin da aka ɗaure a bakin abin kiɗa yana raurawa, yana lanƙwasa, yana da ɗauri, kuma duk waɗannan siffofi ne na abin da ake magana a kai.

Amma tantani fassarar uwa ce, wadda masanan suka datse da gangan. Idan aka ce "tantani mai awo ɗaya" ko "tantani mai awo uku", an yi magana mai karo da kanta, kamar a ce zare mai faɗin tabarma. Sannan idan aka ba jinsin gaba ɗaya wannan suna, da me za a kira ainihin mai awo biyu? Bugu da ƙari, tantani a tunanin Bahaushe abu ne da ke rufe wani abu ko ya raba tsakanin abubuwa biyu. Ba a zama a kansa. Ɗalibi zai ɗauka cewa duniya tana da wata fata da ta lulluɓe ta daga waje, alhali abin da ake nufi shi ne duniyar ce kanta abin. Wannan daidai yake da fassara Sabo da "sabon abu".

4.3 Faɗaɗa Ma'ana: Shimfiɗa

Malaman Hausa sun daɗe da cin moriyar wannan hanya. "Ɗafi" da "ƙwayar sauti" da "ginin jimla" duk kalmomin gida ne da aka ɗora wa sabon aiki, kuma sun zauna daram. A nan kalmar da ta fi cancanta ita ce "shimfiɗa".

A kallon farko za a ce ita ma awo biyu gare ta, saboda tabarma da buzu. Amma yadda Hausawa ke amfani da aikatau ɗin ya wuce nan. Ana shimfiɗa layin dogo, ana shimfiɗa bututun ruwa, waɗanda tsawo ne kawai abin lura a cikinsu. Ana shimfiɗa mulki, ana yi wa jawabi shimfiɗa. Har karin magana ya ce shimfiɗar fuska ta fi ta tabarma. Kalmar ta riga ta saba da barin siffa guda, saboda haka "shimfiɗa mai awo ɗaya" da "shimfiɗa mai awo uku" ba sa yi wa kunne nauyi kamar yadda tantani ya yi.

Sauran siffofin ma sun samu. Shimfiɗa miƙaƙƙiya ce. A cikin wani wuri da ya fi ta ake yin ta, ɗaki ko zaure ko fili. Kuma domin a zauna a kanta ake yin ta, kamar yadda mai gida a Sabo yake yi wa baƙonsa. Ta fuskar nahawu ba ta da wahala: jinsinta mace, jam'inta shimfiɗu, tana karɓar mahaɗi, a ce "shimfiɗar duniya" ko "karon shimfiɗu".

Ba a ce ba ta da aibi ba. Ɗigo mai awo sifili ba shimfiɗa ba ne a hankalce, sai dai wannan matsala tana nan a Ingilishi ma, an haƙura da ita don daidaita jeri. Shimfiɗa takan nuna abin da yake kwance shiru, alhali abin da ake nufi yana motsi yana raurawa, kuma a nan tantani ya fi ta. Aibi na uku shi ne wani zai iya ɗauka ana cewa doron ƙasa a baje yake kamar faifai. Maganin wannan shi ne kada a ambaci kalmar a karon farko ba tare da lambar awonta ba. Idan aka ɗora aibobin a sikeli, na shimfiɗa bayani ɗaya yana gyara su, na tantani kuwa a jikin kalmar suke.

5.0 Abokan Tafiya Biyu

Kalmar "bulk" tana da nata tarkon. A Ingilishin kasuwa tana nufin yawa ko sayen kaya a dunƙule, irin sarin da dillalan goro ke yi. Wanda ya bi wannan zai ɓata gaba ɗaya. Abin da ake nufi shi ne sararin da ya ƙunshi shimfiɗa. Hausa tana da tsari na nuna babban jigon abu da kalmar "uwa", kamar uwar kuɗi da uwar jiki da uwar garke. Saboda haka "uwar sarari" ta dace, kuma tana nuna dangantakar da aka gani tsakanin Sabo da Ibadan.

Abokiyar tafiya ta biyu ta fi buƙatar gyara. Ana yawan jin masu fassara suna kiran ƙarfin da ke sa abu ya faɗo ƙasa da "maganaɗisun ƙasa". A hira ta yau da kullum kuskuren ba ya fitowa fili, amma a wannan fanni yana rusa bayanin daga tushe, domin ginshiƙin hasashen shi ne maganaɗisu a manne yake da shimfiɗa, shi kuwa wancan ƙarfi yana fita. Idan sunansu ɗaya, sai a wayi gari ana cewa maganaɗisu ba ya fita amma maganaɗisu yana fita. Ƙarfi biyu ne mabambanta. Tsakanin ƙwayoyin furoton biyu, ƙarfin lantarki ya ninka ɗayan da adadin da ake rubutawa da 1 da sifili 36. Shawarar da ake bayarwa ita ce a kira shi "jan-nauyi", a bar wa maganaɗisu sunansa.

Da waɗannan kalmomi ana iya faɗin hasashen cikin jimla guda: duniya shimfiɗa ce mai awo uku a cikin uwar sarari, haske da maganaɗisu suna manne da ita, jan-nauyi kaɗai ke ratsawa waje. Haka kuma ana iya bayyana ra'in da Justin Khoury da Burt Ovrut da Paul Steinhardt da Neil Turok suka gabatar a 2001, cewa zafin da duniya ta fara da shi ya samo asali ne daga karon shimfiɗu biyu. Sunan da suka ba ra'in daga kalmar Girkanci mai nufin gobara ya fito.

6.0 Matsayin Hasashen da Yadda Za a Yi Amfani da Kalmar

Kalmar gida tana da wani ƙarfi da kalmar aro ba ta da shi: tana sa abu ya yi kama da tabbas. Don haka dole mai rubutu ya kiyaye. Ba a tabbatar da samuwar uwar sarari ba. A wuri mai awo uku, idan nisa ya ninka biyu jan-nauyi yakan ragu zuwa kashi ɗaya cikin huɗu, a mai awo huɗu kuwa zuwa ɗaya cikin takwas. Masana a Jami'ar Washington ta Amurka sun gwada wannan, kuma sakamakonsu na 2020 ya nuna dokar awo uku tana aiki har zuwa tazarar kimanin kashi ɗaya cikin 20 na milimita. A ranar 17 ga Agusta 2017 na'urorin LIGO da Virgo sun kama raurawar jan-nauyi daga karon wasu taurari biyu, aka kuma ga haskensu, kuma kwatanta biyun bai nuna alamar tsiyayewa ba. Babbar na'urar karo da ƙwayoyin halitta ta cibiyar CERN da ke kan iyakar Suwizalan da Faransa ita ma ba ta gano ƙarin awo ba. Waɗannan gwaje-gwaje sun taƙaita hasashen ƙwarai, ko da yake ba su kashe shi ɗungurungum ba. Saboda haka a rubutun Hausa ya kamata a riƙa cewa "ra'in shimfiɗa" ko "hasashen shimfiɗa", kada a jera shi da abin da aka riga aka tabbatar, kamar zagayen doron ƙasa ga rana.

7.0 Kammalawa

An ga cewa "brane" gutsure ne da aka yanka don ya rabu da siffar tantani, kamar yadda Sabo ya rabu da ma'anar sabunta, kuma dukansu biyu suna nuna dangantakar ƙaramin wuri da babban da ya ƙunshe shi. Aro ya bar ɗalibi hannu rabbana, tantani ya mayar da kalmar cikin kejin da ta fito. An ba da shawarar kalmomi uku da za su tafi tare: shimfiɗa, da uwar sarari, da jan-nauyi. Hukuncin ƙarshe ba na mujalla ba ne. Sai an kai su aji, malamin fiziks da malamin Hausa sun zauna tare, an ji yadda ɗalibi zai mayar da bayanin da bakinsa. Sunan Sabo ma ba wani kwamiti ne ya tabbatar da shi ba, bakin fatake da masu masaukinsu ne ya yi ta maimaita shi har ya zauna.